Ƙunar tafin ƙafar Hajiya da Panadol ya kasa kashewa

Wa alaikumus salam Yaya. Ka ce Hajiya mai ciwon suga tafin ƙafarta na ƙuna da daddare tun da kuka dawo Jidda daga Umra, Panadol da Brufen sun gaza. Allah ya ba ta lafiya.

Ciwo iri-iri ne. Idan nama ya ji rauni, jiki yana fitar da sinadarin furostagilandin mai tsokanar jijiyoyi, shi Brufen yake hanawa. Na Hajiya kuwa da alama suga ne ya taɓa jijiyar kanta, take aika wa ƙwaƙwalwa saƙon zafi alhali babu rauni. Irin wannan likitoci kan ba da amitriptyline, duloxetine ko pregabalin, masu lafar da jijiyar, amma sukan ɗauki makonni kafin a ji sauƙi.

Ku dakatar da Brufen, yana wahalar da ƙodar mai suga. Panadol kada ya wuce giram 4 a rana. Don Allah kada wani ya kawo muku tiramadol daga gida. A Saudiyya riƙe shi ba takardar likita laifi ne babba. Ku kai ta asibiti a auna sugan, a duba ƙafar ko akwai miki.