Da gaske akwai sautin da ke buɗe ƙofar wata duniya?

Tambaya daga Argungu: Assalamu alaikum Malam. Wani bidiyo na gani a TikTok, mutumin yana cewa wai kowace duniya tana da nata firikwensi, in ka sa iyafis cikin dare ka saurari sautin 432 ko 963 sai ka haɗu da wata daimenshan, har ya ce masu binciken CERN, wata cibiyar binciken kimiyya a Turai, sun riga sun buɗe ƙofar sun ɓoye muna. Kwas ma yake sayarwa kuma abokaina biyu har sun fara. Don Allah mi ne gaskiyar wanga abu?

Amsa: Wa alaikumus salam ƙanena, Allah ya yi ma albarka da ka tsaya ka tambaya kafin ka fidda kuɗinka. Na daɗe ina koyar da fizis a nan Birnin Kebbi kuma abin nan yana damuna, don mutumin ya ɗauko kalmomi biyu na gaskiya ne, firikwensi da daimenshan, ya ɗinke su da zaren ƙarya.

Firikwensi ba wani sirri ba ne, yawan kaɗawar abu ne cikin daƙiƙa ɗaya, ana ƙirga shi da haz, sunan wani Bajamushe Heinrich Hertz. Wutar lantarkin Najeriya tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa. Kunnen mutum yana jin daga 20 zuwa wajen 20,000. Ka duba mai kalangu, in ya matse shi a hammata fatar ta ɗaure sai muryar ta yi sama, in ya saki ta sauko, to firikwensi yake canzawa ba tare da ya taɓa shiga aji ba.

Shi kuma rezonans, wato abu ya amsa kaɗawar da ta dace da tashi, ka san shi tun kana yaro wurin lilo. In kana tura yaro daidai lokacin da lilon ya dawo, ɗan turi kaɗan kaɗan sai ka ga ya yi sama, in ka tura ba kan ƙa'ida ba sai dai ka gaji a banza. Haka gilashin taga ke karkarwa in tirela ta wuce, haka rediyo ke zaɓo tasha ɗaya cikin tashoshi barkatai in kana murɗa shi. Abin yana da ƙarfi fa, a 1831 wata gada ta karye a Broughton ta Ingila lokacin da sojoji ke maci a kanta da taku ɗaya, shi ya sa aka riƙa umartar soja su bar taku ɗaya in za su haye gada. Amma ka lura, duk misalan nan akwai abin da ke kaɗawa, akwai abin da ke amsawa, akwai hanyar da ta haɗa su, kuma duk ukun ana iya aunawa. Sauti iska ce ke motsi, ta fito daga iyafis ta bugi dodon kunnenka, iyakarta ke nan.

Lambar 432 ɗin nan ma ka yi tunani a kanta. Makaɗan Turai galibi suna saita kayan kiɗansu a 440, ita 432 ɗan ƙasa take da kaɗan, shi ke nan. Kuma sau 432 a daƙiƙa ake nufi, ita daƙiƙar mutane ne suka yanka ta haka, da an yi ta da ɗan tsawo da lambar ta canza gaba ɗaya alhali sautin yana nan yadda yake. To ina sirrin ya shiga?

Sai daimenshan. A wurin masana ba wata duniya ake nufi mai mutane da gidaje ba, fuskar awo ce kawai: tsawo, faɗi, zurfi, sai lokaci na huɗu. Gaskiya ne a 1921 wani masani Theodor Kaluza ya kawo lissafin da ke da daimenshan ta biyar, a 1926 wani masanin kuma, Oskar Klein, ya ce in akwai ta to a naɗe take ƙanƙanuwa ƙwarai, kamar igiyar shanya da in ka hango daga nesa tsawo kawai gare ta amma tururuwa tana iya zagaya ta. Wasu ma lissafinsu ya kai 10 ko 11. Duk a takarda ne har yau. Injin CERN da ake ta magana, zobe ne mai kilomita 27 a ƙarƙashin ƙasa kan iyakar Suwizalan da Faransa, a 2012 ya gano wata ƙanƙanuwar ƙwaya da ake kira Higgs, kuma an nemi alamar ƙarin daimenshan da shi ba a samu ba, su da kansu suka buga sakamakon. Abin da injin biliyoyin daloli bai gani ba iyafis ɗin kasuwa ba zai buɗe ma shi ba.

Abokanka na iya rantsewa sun ji wani iri, kuma ban ƙaryata su ba. Mutum ya kwanta cikin duhu, sauti ɗaya yana ta zuwa, barci na fizgarshi, an kuma riga an gaya mai abin da zai gani, ai dole ƙwaƙwalwa ta ƙirƙiro hotuna. Ni abin da nake jiye masu kunnensu ne, ƙara mai ƙarfi awa da awa tana kashe ji kuma in ya tafi ba ya dawowa. Maganar aljanu da gaibu kuwa fagen malaman addini ne, su za ka tambaya, fizis ba ta da ma'aunin wannan.

In kana son ganin rezonans da idonka, ɗaura igiya tsakanin kujeru biyu, ka rataye duwatsu uku da zare, biyu zarensu tsawo ɗaya, na ukun gajere. Kaɗa ɗaya daga cikin biyun ka jira, za ka ga ɗan'uwanshi ya kama lilo shi kaɗai, gajeren kuwa da ƙyar zai motsa. Ka kira abokan naka su gani, in kun gwada ka rubuto min abin da ya faru.