Tambaya da Amsa: Yadda Za a Jawo Tsuntsaye Tsakar Gida da Hunturu

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Tun da sanyi ya kama nake watsa dawa a tsakar gidanmu da ke Unguwar Rogo domin jikokina su riƙa kallon tsuntsaye, amma in ban da kurciyoyi biyu da ɓeraye, babu mai leƙowa. Ina kuskuren yake? Daga wata mai karatu a Jos.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Hajiya. A Turai ƙanƙara ce ke rufe abincin tsuntsu, shi ya sa suke ɗora masa hatsi. A Jos kuwa, daga Disamba zuwa Fabrairu, 'ya'yan ciyawa suna nan zube a ƙasa, abin da ya yi wuya shi ne ruwa, domin kududdufai sun ƙafe. Saboda haka ki fara da kasko mai faɗi, ki zuba ruwan da bai wuce gaɓar yatsa ba, ki sa dutse a tsakiya inda ƙaramin tsuntsu zai tsaya ya sha, ya tsoma ƙirji, ya karkaɗe fukafukai. Ki ajiye shi a kan abu mai tudu kusa da bishiya, yadda kyanwa ba za ta yi kwanton ɓauna ba, idan kuma shirwa ta gifta su sami mafaka.

Dawa ta yi wa ƙananan baki girma. Gero ya fi, acca kuma ta fi gero, ga ta a kasuwannin garin nan. Ƙananan jajayen tsuntsayen da ke cikin duwatsun dajin Amurum, kusa da Laminga, waɗanda masana ba su bayyana irinsu ba sai 1998, 'ya'yan ciyawa suke ci, danginsu na cikin gari ma haka. Tafin hannu ɗaya da hantsi ya isa. Wanda ya kwana a ƙasa rabon ɓera ne. Kada ki ba su gyaɗar da ta yi funfuna ko tuwo mai gishiri.

Abin da na fi jaddadawa shi ne wanke kaskon kullum, domin ciwon maƙogwaro na yaɗuwa tsakanin kurciyoyi ta gurɓataccen ruwa. Idan kina kiwon kaji, ki nisanta shi da akurki, tun da murar tsuntsaye, wadda ta ɓulla a Najeriya a 2006, ba ta daina dawowa ba. Jikoki kuma su ajiye danƙo, su yi kallo ta taga.