Amsa ga mai tambayar ko sai da fuskar jarumi ake wasan kwaikwayo

Ɗan'uwa, ka ce kana Tudun Wada, kana son wasan kwaikwayo amma an ce ba ka da fuskar jarumi. Wannan ba cikas ba ne, akwai masu fitowa a matsayin maigadi, boka, dattijo ko ɗan sanda, kuma sau da yawa su mutane ke tunawa.

Dubi marigayi Usman Baba Pategi, wato Samanja, da ya rasu nan Kaduna a 2023. Tsohon soja ne, kuma Hausar bariki da ya sani a aikin soja ita ya ɗauko ya gina Samanja da ita a rediyo da talabijin, har sunan ya danne nasa na yanka. Marigayi Kasimu Yero ma, wanda ya rasu a 2017, da Hausa da Turanci duk ya yi wasa.

Ni a ganina ka fara da murya. A rediyo babu gemun roba ko babbar riga da za su rufa maka asiri. Ɗauki muryarka a waya, ka saurara, ka gyara. Sai ka shiga ƙungiyar wasan daɓe, nan ake koyon haddace magana.

Kada ka kwaikwayi Samanja, an riga an yi shi. Kada kuma ka ba kowa kuɗi wai zai saka ka a fim, ko ka ajiye sana'arka tun yanzu.

In karatun kake so, tuntuɓi sashen wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya. Takardar yarjejeniya kuwa, bari lauya ya duba kafin ka sa hannu.