Kotu ta ce in biya, ni kuma ba ni da kuɗin a dunƙule

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗan kasuwar albasa ne a Marwa ta ƙasar Kamaru. Wani Alhaji ya ba ni kaya bashi na sefa dubu 900, mota ta lalace mana a hanyar Gaundare albasar ta ruɓe, ya kai ni kotu aka ce in biya, yanzu ga wisiye (mai aiwatar da hukuncin kotu) ya kawo min takarda har gida gaban iyalina. Wlh ban ƙi biya ba, a dunƙule ne ba ni da shi. Zan iya riƙa biya kaɗan-kaɗan duk wata?
Mai karatu daga Marwa

Amsa: Wa'alaikumus salam ɗan'uwa, Allah ya mayar da alheri. Eh ana iyawa, amma ba kai kaɗai za ka yanke wa kanka ba. Kamaru da Cadi suna cikin ƙasashe 17 masu bin dokokin kasuwanci na bai-ɗaya da ake kira OHADA, kuma sashe na 39 na dokar karɓo bashi ya ce ba za ka tilasta wa mai bin ka ya karɓi gutsure-gutsure ba. Sai dai alƙali na da ikon ya duba halin da kake ciki, ya duba buƙatar Alhajin shi ma, ya ɗage maka ko ya rarraba biyan, amma bai wuce shekara ɗaya. Kuɗin ciyar da iyali ba a yi musu wannan sassaucin, naka kuwa bashin kaya ne.

To yi lissafi tun yanzu, dubu 900 a wata 12 ai dubu 75 ke nan duk wata, ban da kuɗin wisiye da na kotu. In ka san ba za ka iya ba to gaskiya gidan Alhajin ya fi maka, don shi in ya yarda ko shekara uku ce zai iya ba ka, alƙali ba zai iya ba. Ka ɗauki dattijo ɗaya, sarkin kasuwa ko limamin unguwa, ka je da wani abu a hannu ko dubu 100 ne, mai bashi in ya ga kuɗi zuciyarsa na sanyi. Abin da kuka yarda a rubuta, kowa ya sa hannu, a kai wa wisiye kwafi. Kar ka ce ai Alhaji mutumin kirki ne maganar baki ta isa, gobe in ta Allah ta kasance magadansa takardar kotu kawai suka sani.

Sannan takardar nan ta hannunka ka duba ta yau. In umarnin biya ce, kwana 8 aka ba ka, bayansu wisiye na iya zuwa ya rubuta kayanka don a yi gwanjonsu. Mutanenmu sai su cusa ta ƙarƙashin katifa su kashe waya, wannan shi ke janyo kwasar kaya.

In Alhajin ya ƙi, rubuta wa alƙali buƙatarka, ka haɗa da shaidar asarar da ka yi da abin da ke shigo maka a wata. Duk sisin da ka biya kuma ka karɓi rasit, in ta waya ka tura ka adana saƙon.