Abin taɓawa na sanyi, namu da na Afirka ta Kudu a tire ɗaya

Tambaya: Anti salamu alaikum. Ina zaune a Johannesburg da maigida, yanzu watan Yuni ne sanyi ya shigo ba wasa. Maƙwabtana 'yan ƙasar za su zo min yini, ina so in jera musu abin taɓawa kaɗan-kaɗan, girkinmu da nasu a haɗe, amma ba mai maiƙo ba dan maigida yana da hawan jini. Dan Allah me zan yi?

Amsa: Wa alaikumus salam ƙanwata, sannu da sanyi. Ai garin naku a kan tudu yake, kusan mita 1,750 sama da teku, shi ya sa daga Yuni zuwa Agusta asubarku take da cizo, mu nan muna damina ku kuna hunturu.

Kar ki wahalar da kanki neman wani sabon abu, girkin nasu ba nisa ya yi da namu ba. Pap ɗinsu tuwon masara ne, morogo yawanci alayyafo ne, amasi kindirmo ne, biltong kuma ƙanin kilishi ne da ba a tsoma shi a tunkuza ba. Aikinki kawai ki rage mai da gishiri.

Ni da chakalaka zan fara, wato miyarsu ta kayan lambu mai yaji, dan ita ce za ta haɗa miki komai. Mai cokali biyu ya isa, ki soya albasa babba ɗaya har ta yi laushi, ki zuba tafarnuwa da ɗanyar citta da kori, ki bari korin ya ɗan soyu kamar minti ɗaya sai kin ji ƙamshin ya tashi, sannan tattasai kore da ja, attaruhu ɗaya, karas guda huɗu gogagge da tumatir. Su waken gwangwani suke zubawa a ƙarshe, mai romon tumatir ɗin nan, to shi akwai suga da gishiri a ciki, gara ki dafa farin wakenmu kofi ɗaya ki zuba. Ɗan ƙullin daddawa a maimakon magi, wallahi sai sun tambaye ki me kika saka. Ki yi ta tun jajibere, kwana ɗaya a firij ta fi daɗi.

Sai ki yi alale ƙanana a gwangwanin kek, ki turara, mai kaɗan a ƙullin, ki kife kowanne a ɗan faranti ki ɗora chakalaka mai zafi cokali ɗaya a kai. Ƙosai kam ki haƙura da shi wannan karon, ya cika shan mai.

Na biyu farfesun kaza da butternut, kabewar nan tasu mai dogon wuya da take cika kantuna. Ki cire fatar kazar, ki dafa da citta, masoro, kimba da kanumfari, in ta kusa nuna ki jefa kabewar yanka ƙanana na minti 10 zuwa 12, kar ta narke. Zaƙinta yana kwantar da zafin yajin, dan ba kowa ne a cikinsu zai iya da barkono irin namu ba. A ƙananan kofuna za ki zuba, kowa ya riƙe ya ɗumama hannu.

Pap kuma ki tuƙa da tauri, ki shimfiɗa a tire kaurin yatsa, in ya huce ki yanka dogo-dogo ki shafa mai sama-sama ki gasa a oben har gefen ya yi ja, sai ki barbaɗa yajin tsire. Tun 2003 doka ta sa ana ƙara wa garin masarar kantunansu sinadarai irin su ayon da bitamin A, amma dai tuwo tuwo ne, yanka biyu ya ishi mutum. A gefe ki yi kwaɗon morogo da ƙuli-ƙuli, albasa da lemon tsami, ki kawo shi da ɗuminsa. Ƙulin ki duba shagunan 'yan Najeriya a unguwar Yeoville, in babu ki daka soyayyar gyaɗa.

Maganar maigida, Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kar gishiri ya kai giram 5 a rana, ƙaramin cokalin shayi kenan, kuma biltong da gishiri ake busar da shi, in za ki saka ki yayyanka siriri ki watsa kan kwaɗon baƙi kawai, nasa farantin ki bar shi haka. Yajin tsiren saye ma akwai magi a ciki, ki daka naki. Nama da biltong ki sayo a unguwar Fordsburg ko Mayfair, ki duba tambarin halal irin na SANHA ko MJC, musamman boerewors, wato sosej ɗinsu, dan wani ana haɗa shi da naman alade.

Abin sha ki dafa rooibos, wato jan shayinsu, da citta da kanumfari, ba shi da sinadarin caffeine, ko da dare aka sha ba zai hana barci ba. Zumar ki ajiye a gefe kowa ya zuba daidai bakinsa.