Allon Android ya hana batir kwana da caji: ina laifin yake?

Tambaya:

Assalamu alaikum Malam. Ina da Toyota Corolla ta 2006, ƴar Kwatano. Na sayo allon Android mai inci 9 a Kano tare da kyamarar baya, wani yaro a unguwarmu ya cire tsohuwar rediyon ya ɗaura mini shi. Tun daga ranar, ko na zare makulli allon ba ya mutuwa sai na danne shi da hannu, kuma in motar ta kwana biyu ba a tashe ta ba sai na aro batir. In na taka totur ina jin wani siririn ƙugi a sifika. Kyamarar ma ba ta fitowa in na sa giyar baya. Yaron ya ce batir ne ya gaji, ni kuwa na san bai kai shekara ba. In sauya batir ne, ko allon ne jabu?

Mai karatu daga Garin Malam, Zinder

Amsa:

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Kada ka sayi batir tukuna, kada kuma ka ɗora wa allon laifi. Maganarka ta farko, cewa ba ya mutuwa in ka zare makulli, ita ta nuna inda cutar take. An haɗa wayoyin wutarsa ba daidai ba, kuma ko sabon batir ka sa yau, mako ba zai zagayo ba sai ya kwanta.

Wayoyi uku ne ke ciyar da allon. Rawaya, wadda ake rubuta wa BATT ko B+, tana zuwa daga batir ta hanyar fiyus, kuma da wuta a cikinta dare da rana. Ita ce ke ɗaukar nauyin aikin, ita ce kuma ke riƙe agogo da tashoshin da ka adana. Ja, mai rubutun ACC, ba ta samun wuta sai ka murɗa makulli. Ba abinci take kai wa allon ba, umarni take kaiwa: in wuta ta shigo ta ce masa tashi, in ta ɗauke ta ce masa kwanta. Ta uku baƙa ce, GND, wadda muke kira mas, ana ɗaure ta a ƙarfen jikin mota.

Abin da nake da yaƙinin an yi maka shi ne an murɗe ja da rawaya wuri guda, an jona su a wayar da ba ta rabuwa da wuta. To allon bai taɓa jin an ce masa kwanta ba. Dannawar da kake yi da hannu haskensa da sautinsa kawai take kashewa, kwamfutar da ke ciki tana nan tana aiki. Irin wannan allo in yana farke yana jan abin da ya kusa ampa 1, wani ma ya wuce. Batirin Corolla kuwa tsakanin ampa-awa 45 ne zuwa 60. Kwana biyu awa 48 ne. Yi lissafin da kanka, za ka ga ya yi daidai da abin da kake gani a ƙofar gidanka. Da an juya kuskuren, wato an jona su biyun a wayar makulli, da batirinka ya zauna lafiya, sai dai kullum da safe ka tarar agogo ya ɓace, tashoshi sun goge, allon kuma ya daɗe kafin ya buɗe.

Me ya kai yaron ga haka? Galibi abu uku ne. Ko dai ya datse soket ɗin motar ya rasa wace ce wayar makulli a cikin tarin. Ko ya bari waya ta taɓa ƙarfe fiyus ɗinta ya ƙone, da ya ga babu wuta sai ya nemi hanya mai sauƙi. Ko kuma an ba ka kayan haɗin da aka yi don motar da ke buƙatar ƙaramin akwatin CAN, wato mai karanta saƙon kwamfutar mota, inda umarnin tashi daga akwatin yake fitowa. Wasu motocin Turai na baya-bayan nan ba su da wayar makulli a bayan rediyo sam, sai da wannan akwati, amma Corolla ta 2006 tana da tata a sarari.

A nan ne nake so ka tsaya ka fahimta sosai, domin a nan motoci da yawa ke lalacewa a garin nan. Launukan da na lissafa na wayoyin allon ne, ba na motar ba. Masu ƙera rediyoyin kasuwa sun daidaita a kan launi ɗaya: bayan ukun nan, fara ta sifikar gaba ta hagu, ruwan toka ta gaba ta dama, koriya ta baya ta hagu, shunayya ta baya ta dama, kowace da abokiyarta mai baƙin zane. Shuɗiya ta eriya ce, ruwan lemo ta hasken tablo, wato gaban motar da rediyo ke ciki. Toyota kuwa tata hanya daban ce. A motocinta da yawa na waɗannan shekaru, wayar batir shuɗiya ce mai zanen rawaya, ta makulli ruwan toka, mas kuma ruwan ƙasa. Ja da baƙa da rawaya da za ka gani a wajen, na sifikun baya ne. Duk wanda ya ce ja da ja, baƙa da baƙa, ya kai wuta inda sauti ya kamata ya bi. Ko waɗannan launuka na Toyota ma ba a rantsuwa da su, don motar da aka yi wa kasuwar Amurka da ta Turai da ta Dubai ba lallai su zo ɗaya ba, balle wadda ta bi hannu uku kafin ta sauka Kwatano. Mita ce ke raba gardama.

Ga yadda ake yi. A sa mitar awo a kan volt 20 na wutar batir, a ɗora baƙin bakinta a ƙarfen mota. Makulli yana aljihu, a bi wayoyin ɗaya bayan ɗaya. Wadda ta nuna volt 12 da ƴan kai, ita ce ta rawaya. Sai a murɗa makulli mataki ɗaya, wadda a da shiru yanzu ta nuna 12, kuma ta koma sifili in an zare, ita ce ta ja. In ba a samu ta biyun ba, a buɗe akwatin fiyus, sunan kowane yana rubuce a murfi, a nemo wanda ya ƙone a mayar da mai lamba irin tasa. Mai 10 da mai 10, mai 15 da mai 15. Naɗa zaren waya a gurbin fiyus, da ake yi a bakin tasha don a wuce wurin, shi ne ke mayar da ƙaramin kuskure gobara a cikin tablo. Kuma kafin a fara yanka ko haɗa komai, a cire kan batir na mas. Duk wayar da ka ga an sa mata riga rawaya da soket rawaya ƙarƙashin sitiyari ko bayan tablo, ta jakar iska ce mai kare mutum a haɗari, ba a tsira mata bakin mita, ba a gwada ta da kwan fitila.

Da a ce an tambaye ni kafin a fara, da ba a yanka ko waya ɗaya ba. Bayan rediyon Corolla soket biyu ne, mai rami 10 da mai rami 6. Babban yana ɗauke da wuta da sifikun gaba, ƙaramin na sifikun baya. Ana sayar da abokin haɗinsu, kuma allunan da aka yi don Toyota sukan zo da shi a kwali, a cusa kawai ya ce ƙas. In soket ɗinka yana nan, alhamdu lillahi, a nemo abokinsa. In an datse shi, ka je wajen masu sayar da kayan tsofaffin motoci su yanko maka na wata Toyota da ɗan tsawon wayarsa, a mayar da shi da dalma, a rufe kowane haɗi da robar nan mai tsukewa in ta ji zafi. Murɗa waya da hannu a naɗe da salatif ba ya ƙarko a ƙasarmu. Watan Afrilu da Mayu zafin waje yana haura digiri 40, cikin tablon motar da aka ajiye a rana ya fi haka nesa, gam ɗin salatif ya narke ya saki. Sai a hau hanyar Tanut ko ta Magarya, girgiza ta ƙarasa aikin, tsirarar waya ta sami ƙarfe.

Ƙugin da ke hawa da sauka tare da totur muryar dinamon caji ce ke shigowa cikin sauti, kuma mafi yawan lokaci rashin mas mai kyau ne ke buɗe mata ƙofa. Akwai tarko a nan da ke kama ko waɗanda suka daɗe a sana'a: wayar hasken tablo, in fitilu suna kashe, takan nuna kamar mas a mita. Sai a ɗaure baƙar waya a kanta, allon ya kama aiki, a ɗauka an gama. Gwada kunna ƙananan fitilu da dare. In allon ya yi ƙyafta-ƙyafta ko ya mutu ko fiyus ya tashi, to nan ne. Maganin shi ne a kai baƙar waya ga noti mai kama ƙarfen mota na ainihi, a kankare fenti da tsatsa har ƙarfe ya yi fari, a sa mata zobe a ɗaure tam, kuma kada ta yi tsawo. A duba kuma kada a ce an haɗa wayar sifika mai baƙin zane da jikin mota, ko an tara na sifiku biyu wuri guda. Kowace sifika da wayoyinta biyu take tafiya. Wanda ya kai ɗaya ga ƙarfe zai iya ƙone abin ƙara sautin da ke cikin allon. In an yi duk wannan ƙugin bai tafi ba, a auna dinamon: inji yana aiki, kan batir ya nuna tsakanin volt 13.8 da 14.4. Dinamon da diyod ɗinsa, wato abin da ke barin wuta ta bi hanya ɗaya kawai, ya lalace yana kawo ƙugi, yana kuma tsotsar batir cikin dare, don haka ya cancanci a duba shi.

Kyamara abu uku take so, in ɗaya ya ɓace ba ka ganin komai. Wutarta daga wayar fitilar giyar baya ake ɗauka, saboda haka fara da sa wani ya tsaya a baya ya ga ko fitilar tana kamawa ma. Na biyu, wayar hoto mai rawayan kai ta shiga ramin da aka rubuta CAM, ba na bidiyo da ke kusa da shi ba, don kamanninsu ɗaya. Na uku shi aka fi mantawa. A jikin doguwar wayar hoton akwai ƴar siririyar jar waya da ta leƙo a kowane ƙarshe. Ta baya ana haɗa ta da wutar fitilar, ta gaba da wayar allon mai rubutun BACK ko REVERSE. Ita ke gaya wa allon an sa giyar baya. Yadda ka ce kyamarar ba ta fitowa, in allon ba ya ko sauyawa, ina kyautata zaton tana nan tana lilo a bayan tablo. In kuwa ya sauya amma ya yi baƙi, a shiga saitin kyamara a daidaita nau'in hoto, domin akwai AHD akwai CVBS, kuma dole na allon ya dace da na kyamarar.

Tunda za a sake buɗe tablon, a gyara ƙananan abubuwa lokaci guda. Ƴar eriyar GPS a manna ta inda babu ƙarfe a samanta, ƙarƙashin robar tablo kusa da gilashi ya isa. A ɗaure tarin wayoyin gefe, kada su toshe ƙarfen bayan allon da ke fitar da zafi, in yana da fanka a tabbatar tana juyawa, don allon da ya yi zafi yakan daskare ko ya kashe kansa. In tashoshin FM ba sa kamuwa da kyau, a duba shuɗiyar wayar eriya, a kuma duba yankin da aka zaɓa a saitin rediyo, tashoshinmu tsakanin 87.5 ne da 108. Sai wayar da aka rubuta BRAKE, wadda ke hana bidiyo fitowa sai an ja burkin hannu. Masu ɗaurawa sukan kai ta ga mas don hoto ya riƙa fitowa ana tafiya. Ina roƙonka kada ka yarda. Wanda ya san yadda ƴan kabu-kabu da amalanke da yara ƴan makaranta ke cika titin kasuwar Dole ya san ido ɗaya ba ya isar direba a wurin.

Bayan an raba ja da rawaya, kada ka biya kuɗin aiki sai an yi gwaji a gabanka. A zare makulli, allon ya mutu da kansa cikin ƴan daƙiƙu. Sannan a rufe ƙofofi, a cire kan batir na mas, a sa mita a kan ampa 10 tsakanin kan da wayarsa, a jira mintuna kaɗan komai ya lafa. Abin da motar ke ja tana kwance kada ya wuce ampa 0.05. Kada a tayar da inji mita tana haɗe haka. Allunan Android suna da barcin da ke sa su buɗe nan take in ka dawo, yana cin wuta kaɗan. In kana barin motar mako ko fiye, shiga saiti ka rage tsawon barcin ko ka kashe shi.

Batun batir kuwa, yaron bai yi gaskiya a kan sanadi ba, amma wataƙila yanzu batirin ya ji jiki, domin kowace kwantawa har ƙasa tana rage masa kwana. Ka kai shi a yi masa caji a hankali har ya cika, ka bar shi ya huta dare ɗaya ba a haɗe da komai ba, sannan a auna. In ya nuna kusan volt 12.6, kuma lokacin tayar da inji bai faɗo ƙasa da 10 ba, ci gaba da amfani da abinka. In da safe ka tarar ya sauko kusa da 12 shi kaɗai, sai ka sauya, amma bayan an gama gyaran wayoyin.