Amsa ga Yaya kan tankin masai da ya ƙi cika

Assalamu alaikum jama'ar gida. Yaya, na saurari saƙonki. Kin ce tun da aka ja ruwa da asuba tankin masai bai cika ba, ɗis-ɗis kawai yake yi, mai gyara kuma ya ce sai an canja kayan ciki duka. Don Allah kar ki fitar da kuɗi tukuna.

Ɗaga murfin ki leƙa. Za ki ga ƙwallon roba a kan ruwa, da ɗan dogon hannu a jikinta. In na zamani ne, wani kofi ne ke hawa da sauka a jikin sanda. Da an ja ruwa ƙwallon ta yi ƙasa, ƙofa ta buɗe, ruwa ya shigo. Yana tasowa tana tasowa, har hannun ya danna wata 'yar roba ta toshe ƙofar. Iyakar aikin ke nan.

To ƙofar nan fa 'yar mitsitsiya ce, ku kuma ruwan burtsatse kuke amfani da shi, da yashinsa da komai. Shi nake zargi. Ki rufe makunnin da ke jikin bango, ki sa Abba ya kwance tiyon da ke shiga tankin, ya saka bakinsa a bokiti, sannan a buɗe. In ruwa ya fito da ƙarfi, toshewar tana cikin tanki. Yawanci akwai ɗan rariya a mashigar, a zaro shi da filaya, a goge da tsohon buroshin haƙori, a ɗauraye robar ma. In kuwa tun a bokitin ba ƙarfi, ku duba tankin sama. Duk mita 1 na tsayi tsakanin tankin sama da masai kusan bar 0.1 kawai yake bayarwa (bar ma'aunin ƙarfin ruwa ne), shi ya sa banɗakin bene ke fin na ƙasa jinkiri. Wasu kayan ma don ruwa mai ƙarfi aka ƙera su, masu shago kuma ba sa faɗa.

Kawu, kai naka akasin haka ne, ka ce ruwa ba ya tsayawa. Kwance ƙwallon ka girgiza, in ka ji ruwa a ciki ta huje, sai sabuwa. In lafiyarta lau, juya ɗan sukurun da ke jikin hannun har ruwa ya riƙa tsayawa kamar inci 1 ƙasa da bakin bututun ambaliya, wato wanda ke zubar da rarar ruwa in tankin ya cika da yawa. In duk da haka kana jin yana shan ruwa da tsakar dare, zuba bula a tankin, kar kowa ya ja, ka dawo bayan minti 20. Ka ga shuɗi a cikin masai, robar da ke toshe mafitar ruwa a ƙasan tankin ce ke yoyo, ita kaɗai za ka saya.

Yaya, ki turo min hoton cikin tankin kafin Abba ya taɓa komai.